Gwaggo Barkono da Gangar Ruwan Zafi

Ɗari tonon asiri ne, shi ya sa mutanen birni ba sa ƙaunarsa. Mai taƙama da wanka sau biyu a yini sai ya koma wanke fuska da ƙafa, ya fesa turare ya fito yana hura hanci. Mai shagon da ke rantsuwa asuba ba ta taɓa samunsa a gado ba, sai rana ta ɗaga ka gan shi yana kokawa da kwaɗo, yatsu sun ƙi lanƙwasuwa. Masu babur su zura safar ƙafa a hannu. Direbobi su taru suna tura motar da ta ƙi tashi, suna tsine wa batir. Manyan mutane da gemunsu su jeru a jikin bangon da rana ta fara taɓawa kamar ƙadangaru, kowa na magana tururi na fita daga bakinsa, maganar kuma ɗaya ce: wai na bana ya fi na bara. Bara ma haka suka ce.

A irin wannan lokaci, kafin duk ragwayen nan su motsa, akwai mace ɗaya da ta riga ta share rabin titin da ya tashi daga shataletale ya nufi gada. Gajeruwa ce, da rigunan sanyi biyu a ƙarƙashin rigar aiki mai ƙyalli, ta ɗaura ɗankwali a kan hular maza. Kafin ka hango ta za ka jiyo ta, don ba ta iya shara baki a rufe ba. Ta yi faɗa da masu gadin da suka hura wutar kwali suka bar mata toka. Ta yi da mai shayin da ke watsa ruwan wanke kofuna a inda ta gama sharewa. In ta rasa mutum, ta yi da iskar da ke dawo mata da ledojin da ta tara. Gwaggo Barkono ake ce mata, kuma ba don tana sayar da shi ba. Har 'ya'yan cikinta Gwaggo suke kiranta. Barkonon ne dai suke bari sai ta ba da baya.

Ta girmi yawancin shagunan da ke bakin titin nan a kansa. Tafin hannunta ya yi kanta, in ɗari ya zo gaɓoɓin yatsun su tsattsage, ta cusa musu basilin ta naɗe da tsumma ta ci gaba. Ba ta taɓa cewa aikin da daɗi ba, amma kar ka kuskura ka tausaya mata. Wata mai mota ta taɓa sauke gilashi ta ce, "Sannu Inna, Allah sarki." Gwaggo ta ce, "Allah sarkin me? Sata kika kama ni ina yi? Sauko ki ɗauke ɓawon lemon da kika yar."

Gidan da take haya irin gidajen nan ne masu ɗakuna a jere suna kallon tsakar gida ɗaya, banɗaki biyu, famfo guda, shi ma a waje bakin ƙofa. Ɗakinta ne na ƙarshe. A ciki akwai gado, da tabarma, da akwati, da risho, da mijinta.

Direba ake ce masa har yanzu, ko da yake rabonsa da sitiyari an daɗe. Ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana jan bas ɗin cikin gari, mutum mai dariya har kafaɗunsa na rawa. A duniya shi kaɗai ne Gwaggo za ta wanke tas ya ce mata, "Saura bayan kunne." Sun haifi uku: mata biyu aure ya kai su nesa, namijin yana aiki a kantin magani a can ɗaya gefen birni. Wata rana hawan jini ya kayar da Direba a bakin tasha. Ya farfaɗo ɓarin dama ya shanye, harshe ya yi nauyi, kalma ɗaya ko biyu yake fitarwa, su ma da ƙyar. Abin da ba a faɗa wa baƙi kuma shi ne, ba ya iya riƙe fitsari in ya yi barci. Kullum gari ya waye sai an wanke shi, an sauya shimfiɗa, an gasa masa ƙafa da hannun da suka mutu. Gwaggo ke yi ita kaɗai, tana yi tana mita: "Ƙaton banza, da kana da lafiya ko ludayi ba ka taɓa miƙo mini ba." Shi kuwa ya karkace baki, dariyarsa ke nan ta yanzu.

Bara tari ya kama shi har ya kwanta asibiti. Ranar da aka sallamo su, ɗan ya tsaya a bakin ƙofa ya ƙi zama.

"Gwaggo, in sanyi ya sake shiga ƙirjin Baba, zan ɗauke shi. Ba shawara na kawo ba."

"Ka ɗauke shi? Buhun siminti ne?"

"Gidana akwai hita a banɗaki, ruwan zafi ko yaushe. Ke ma ki taho."

"In taho in zauna a falon matarka ina kallon bango? Titin kuma uwarka ce za ta share?"

"Ai ke ce uwar tawa, Gwaggo."

Ta jefe shi da takalmi, amma maganar ta zauna mata a ƙirji. Gidan ɗan nan sai an hau mota biyu, kuma ba motar da ke tashi a lokacin da ake son mai shara a kan titi. Ɗaki biyu ne, gado ɗaya kacal za a iya matsawa a na yara. In Direba ya tafi, shi kaɗai zai tafi, ita ta zauna da akwati da risho. Ba ta taɓa faɗa wa kowa ba, amma abin da take tsoro ke nan a duniya, kuma ba abin da ya tare mata shi sai wata tsohuwar ganga.

Rabin ganga ce ta ƙarfe, a kan murhun duwatsu a kusurwar tsakar gida. Ba wanda ya tuna wanda ya fara kawo ta. Da ɗari ya kama, gidan na da tsarinsa. Kafintan gidan ya kawo guntayen katako daga shago, mai kayan miya ya kawo fasassun akwatuna, saura kowa abin da ya samu. Da yamma a cika ganga. Gwaggo da ke riga kowa tashi ita ke hura wuta, ita ke ɗiban bokitan farko na Direba. Doka ɗaya ce tak: ka ɗebi bokitin zafi, ka mayar da bokitin sanyi. Da haka ganga ba ta ƙafewa, na ƙarshe ma ya samu, wuta kuma ba ta cin gindin ƙarfe. Duk wahalar da ke ciki ita ce fita bakin famfo.

To, a kan wannan 'yar fitar ce ɗan Adam ya nuna hali.

Safiyar da abin ya faru, ɗari ya yi irin saukar da ko kare bai yi haushi ba. Ruwan famfo in ya taɓa hannu kamar reza. Gwaggo ta hura wuta, ta ɗebi nata, ta fita ta ciko bokitai ta mayar, hannu na zugi. Ta wanke Direba, ta shafe shi da mai, ta lulluɓe shi, ta ɗauki tsintsiya ta tafi. Kafinta ya fito ya ji yadda gari yake, ya danna wa wutar katako har da na gobe, ya ɗebi ruwa, ya dubi ƙofar gida, ya ce a ransa ai na baya zai zuba biyu. Na bayan, wani ɗan banki mai ɗaure wuya, ya ce ya makara. Mai kayan miya ya ce shi rabin bokiti ya ɗiba, rabi kuwa ai ba a mayar da shi. Haka suka yi ta zuwa, kowa da hujjarsa mai kyau. Matar Tela ce ta ƙarshe. Ta kwarfe ɗan abin da ya rage da moɗa, ta ce bari ta shirya yara makaranta ta dawo ta cika.

Ba ta dawo ba sai da ta ji ƙauri. Ganga ta yi ja, tsohon gindinta ya tsage, wuta ta laso tarin katakon da ke jingine a bango, ta hau har ta cinye tagar ɗakin ajiya. Sai ga mutanen da sanyi ya hana fita suna tsere da bokitai, wasu ko takalmi babu. A ranar kowa ya gane hanyar famfo.

Gwaggo ta dawo da hantsi ta tarar da tsakar gida jagab, bango baƙi ƙirin, ganga a kife. Kai tsaye ta shige ɗaki, ta ga Direba yana numfashi. Idanunsa sun yi ja saboda hayaƙi, ya jawo jiki har bakin gado ya kasa sauka. Ta gyara masa kwanciya, ta jingine tsintsiya, sannan ta fito ta ci ɗamara.

Tun da aka gina gidan ba a taɓa wankin babban bargo irin na ranar ba. Ɗaki-ɗaki ta bi.

"Kai Kafinta, fito! Katakon mutane da kake gutsurewa kana ce musu bai isa ba, shi ka kawo ka ƙona mu da shi? Wutar haram ai dole ta ci bango!"

"Haba Gwaggo, a gaban iyalina?"

"A gaban kakanka ma!"

Ɗan banki ba ya nan, ta faɗa wa ƙofarsa ta ce a isar masa: namijin da ke ɗaure wuya da tsumma amma bokiti ya fi ƙarfinsa. Mai kayan miya ta tuna masa yadda yake danna sikeli da ɗan yatsa. Matar Tela kuwa da kanta ta fito, ido duk hawaye, ta durƙusa.

"Gwaggo, don Allah ki yafe mini. Wallahi mantawa na yi."

Da Gwaggo ta tsaya a nan, da labarin ya sauya. Amma bakin da ya saba gudu ba ya jin birki.

"Mantawa? Ai shi ya sa mijinki ma ke mantawa da hanyar ɗakinki yana kwana a shago. Yau na gane dalili."

Kowa a gidan ya san zancen, ba wanda ya taɓa furta shi. Matar Tela ta miƙe ta shige ɗaki ta saki labule.

Da yamma Wakili ya zo, wato mai kula da gidan a madadin mai shi. Ya tara su, ya zagaya bangon yana kaɗa kai, ya ce daga yau ba wutar itace ba ta gawayi a tsakar gidan nan, wanda ya hura ya nemi wani gida. Wakili fa ba mugu ba ne can. Mutum ne dai mai son a roƙe shi. Duk gidan an san da mutum biyu sun ce, "A yi haƙuri ranka ya daɗe, akwai mara lafiya," da ya shafa gemu ya ce to a matsar da murhun nesa da bango. Har tsayawa ya yi bayan ya gama magana, yana bin fuskoki da kallo yana jiran roƙon. Kafinta ya shiga duban farcensa. Mai kayan miya ya ɗaga kai sama. Ɗan banki ya ciro waya.

Gwaggo ce ta yi magana, kuma ba roƙo ta yi ba.

"Kai da ko ƙusa ba ka taɓa kafawa a gidan nan ba, yau ka san darajar bango? Rufin banɗaki tun yaushe yake yoyo?"

Wakili ya gyara hula ya ce, "Magana ta ƙare." Yana fita aka ji Kafinta ƙasa-ƙasa yana cewa kowa ya ɗebo da zafi bakinsa.

Ji rashin ta-ido! Shi da ya ƙona ganga har yana da bakin karin magana. Kuma me suka rasa? Ɗan banki ya sayo butar lantarki. Kafinta ya koma wanka da azahar, shi da ma ba abokin ruwa ba ne. Yara aka koma goge musu fuska da jiƙaƙƙen tsumma, suna ta murna. A wurinsu duka ganga jin daɗi ce kawai. Mutum ɗaya ne a gidan lafiyarsa ke rataye da ita, shi kuwa ba shi da bakin magana a taro.

Gwaggo ta koma kan risho da buta. Wanda bai gwada ba zai ce ai ruwan zafi ruwan zafi ne. Buta ɗaya ba ta wanke babban mutum. Kafin ta biyu ta tafasa, ta farko ta huce a bokiti; kafin ta uku, gari ya waye. Lantarki da asuba sai ranar da ya ga dama. Gawayi a cikin ɗaki kuwa likita ya hana tun bara saboda ƙirjin. Ta riƙa tashi tun kafin kiran sallar farko, duk da haka ta fara makara. Shugabansu na aiki, wani mai yawo a babur da hular kwano, ya tare ta a gindin gada.

"Gwaggo, manya na bin titin nan da sassafe, dole su same shi a share. Akwai mata da yawa masu jiran tsintsiyar nan taki."

"Su manyan ba su da hannu ne?"

"Ni dai na faɗa miki."

In tsintsiya ta tafi, ɗakin ma ya tafi. Sai ta fara rage wa wankan: ruwa ɗumi-ɗumi, cikin gaggawa, Direba na karkarwa haƙoransa na haɗuwa, yana cewa, "Ba... komai." Zannuwan gado suka daina bushewa, don ranar hunturu ta ado ce, haske ba zafi. Ta shimfiɗa masa zannuwanta na ɗaurawa har suka ƙare, ta koma juya katifa.

Wata safiya ta buɗe ƙofa ta ga babban fulas a dokin ƙofa, cike da tafasasshen ruwa. Ta san fulas ɗin, na kayan ɗakin matar Tela ne. Yarinyar da aka ci wa mutunci a bainar jama'a, ita ce ta tashi cikin sanyi ta dafa. Gwaggo ta daɗe tana kallonsa. In ta ɗauka sai an gaisa, in an gaisa sai ta ce "ki yi haƙuri", kalmar da tun da aka haife ta ba ta taɓa hawa harshenta ba. Ta sunkuce shi ta kai ƙofar Tela ta dangwarar, ta ce yadda kowa zai ji, "A ƙona mini rumbu a dawo ana yi mini sadakar toka? Na gode."

A nan kam Gwaggo ba ta kyauta ba, kuma wanda ta cuta ba matar Tela ba ce. Fulas bai sake zuwa ba.

Tarin ya fara kamar gyaran murya da safe. Daga baya ya sauka ƙasa, ya zama irin mai fitowa daga haƙarƙari. Gwaggo ta shiga ɓoye shi. In ɗan ya bugo waya sai ta fita waje ta amsa: "Lafiyarsa ƙalau, barci yake." Ta ba shi zuma, ta ba shi citta, ta murje masa ƙirji da man zafi. Ranar da ɗan ya zo ba sanarwa, tun daga ƙofa ta tare shi da faɗa, kan rashin zumunci, kan irin askin da ya yi, kan komai ma, murya a sama don ta danne abin da ke fitowa daga gado. Amma wanda ya yi shekaru a kantin magani yana sauraron tarin jama'a ba a ɓoye masa tari. Ya ratsa ta gefenta, ya ɗora hannu a goshin uban, ya taɓa katifa ya ji damshi. Ya fita ya tsayar da tasi.

Sanyi ne ya kama huhu, in ji likita, da an ƙara jinkiri da sai dai wani labarin. Gwaggo ta raba kanta biyu, safe titi, yini asibiti. Ranar sallama ta zo da hularsa da bargo, ta tarar ɗan ya riga ya kai kaya mota. A barandar asibiti suka yi ta, mutane na kallo.

"Mijina ne! Tun ba a san za a haife ka ba nake tare da shi. Wa ya san yadda ake juya shi? Wa ya san abin da yake nufi in ya ɗaga gira? Matarka?"

"Za ta koya. Ni ma zan koya."

"Ɗan da zai raba uwarsa da..."

"Gwaggo!" Bai taɓa ɗaga mata murya ba sai ranar. "So kike ya mutu a ɗakinki, ko ya rayu a nawa? Zaɓi ɗaya yanzu, ina jinki."

Matar da ba a taɓa kayarwa a magana ba ta matsa gefe ta ba da hanya. Aka turo Direba a keke, aka cicciɓe shi aka sa a mota. Ta cusa bargon ta taga ta ce, "Sai ɗari ya wuce kawai, Malam. Kana ji? Ranar da ya wuce zan zo in ɗauke ka." Ta kuma rantse ƙafarta ba za ta taka gidan ba sai ranar.

Ta cika rantsuwa, don taurin kai ba a koya mata. Ragowar hunturun ita kaɗai ta yi shi. Ta daina makara. Titi bai taɓa shan shara irin ta lokacin ba, masu gadi da mai shayi kuwa sun ji a jikinsu. A gida ba ta gaida kowa, ba mai gaishe ta. In ɗan ya kara wa uban waya a kunne, ita ke ta magana, numfashinsa kawai take ji. Ta riƙa fitar da katifa rana har ta bushe ƙamas, ta wanke zannuwa ta ninke, ta toshe tsagar taga. Da yamma in ta dafa abinci, hannu ya saba, sai ta ga ta zuba kwano biyu, ta hau zagin kwanon.

Sannu a hankali ɗari ya saki gari. Masu sayar da rigunan sanyi suka fara ɗaure hajarsu, mutanen birni suka tuna akwai wani abu wai shi sabulu. Ranar hutunta Gwaggo ta yi wanka, ta ciro zanen da take adanawa a ƙasan akwati, ta hau mota biyu, ta hau bene tana haki. Tun a hanya ta gama shirya faɗanta.

Surukar ta buɗe ƙofa ta durƙusa har ƙasa. "Sannu da zuwa, Gwaggo. Baba tun safe yake kallon ƙofa."

Gwaggo ta amsa a daƙile ta wuce ɗakin yara. Yana zaune a kujera kusa da taga cikin farar riga, an yi masa aski, kumatunsa sun ciko. Ba ta gaishe shi ba. Ta ɗaga rigar ta duba bayansa, ba gyambo ko ɗaya. Ta duba tsakanin yatsun ƙafa, a bushe, an shafa mai. Ta cusa hannu ƙarƙashin zanen gado, ta sunkuya ta shinshina katifa. Ta kara kunne a ƙirjinsa. Abin faɗa ɗaya tak take nema, ko ƙanƙane, wanda za ta kama ta ce kun gani, ba ku iya ba. Babu. Har hannun da ya mutu ya fara ɗan motsa yatsu, wai ɗan na kai shi gashi asibiti.

Ta zauna a bakin gado. Surukar ta ja ƙofa ta bar su.

"Ka yi ƙiba," ta ce, kamar mai tuhuma. "To, Malam, ɗari ya wuce. Na shanya katifa, na toshe taga, ɗakin fes. In ce yaron nan ya nemo mana tasi?"

Direba ya daɗe yana dubanta. Ya miƙo hannun hagu ya kama nata ya riƙe. Leɓensa ya yi ta rawa kafin maganar ta fito.

"Zai... dawo."

"Wa?"

"Sanyi. Zai... dawo."

Ta so ta fizge hannun. Ta so ta ce masa butulu, maci amana, wanda hitar banɗaki ta saye. Maganganun na nan a bakinta a jere. Tun da take ba ta taɓa jin fushi irin wannan ba, ba ta kuma taɓa rasa wanda za ta sauke wa ba, don mutumin gaskiya ya faɗa, kuma kuka yake yi. Ta bar masa hannun.

Suna nan zaune surukar ta ƙwanƙwasa a hankali, ta ce in Gwaggo za ta koma yau gara ta ci abinci yanzu, motar yamma ba ta jira.